Na Je Maiduguri Neman Fuskar Yayana

Ana sallame sallar asuba muka bar Kano, ni da wani abokina, a cikin motar haya da aka cusa mu kamar buhunan gero. Kuɗin mota ya kusa ninka wanda na sani a da. Na yi mita, ɗan kamasho ya ce in akwai rijiyar mai a gidanmu in ɗebo musu. Na haɗiye maganata na shiga, don ba faɗa ne ya fito da ni ba.

Bari in faɗa muku abin da ya kai ni, kada ku ɗauka yawon shan iska na je. Mu haifaffun Maiduguri ne, unguwar Fezzan. A shekarun rikici muka baro garin daga mu sai kayan jikinmu. Yayana Habu bai biyo mu ba. Ya tafi hanyar Baga saro bandar kifi, tun daga ranar ba shi ba labarinsa, babu gawa balle kabari. Ko hotonsa guda ba mu da shi. Mahaifinmu, Allah ya ji ƙansa, bai yarda da ajiye hoto a gida ba, katin shaidar da ke ɗauke da fuskar Habu kuma a aljihunsa ya tafi da shi. Yanzu Inna idonta na hagu ya mutu, na daman kuma likita ya ce hawan jinin ido ne, ba ya dawowa, ganin da ya rage mata kaɗan ne. Ranar da muka dawo daga asibiti ta ce da ni, “Ka san fuskar Habu ta fara ɓace min? In na kira ta a raina, taka ce take zuwa.”

A nan na tona asirin da na riƙe fiye da shekara ashirin. Habu ya taɓa fitowa a fim. Fim ne na ban tsoro da wasu samarin unguwa suka haɗa da kyamarar ɗaukar biki, kowa yana kiran sa Mai Ƙwarya. Habu ne dodon. A lokacin Inna ta rantse duk ranar da ta ga fuskar ɗanta a talabijin ba ta yafe ba. Shi ya sa ya zaɓi ya zama dodo, aka kifa masa ƙwarya a fuska aka huda mata ido biyu, daga farkon fim har ƙarshe bai ce uffan ba sai gurnani, ko sunansa ba a rubuta ba. Na kunna mata fim ɗin a waya. Ta kara shi a idon daman ta daɗe tana kallo, sannan ta miƙo min ta ce, “Wannan ai ƙwarya ce. Ni ɗana nake nema.” Sai na tuna Habu ya taɓa gaya min mai kyamarar ya ɗauke su suna cin abinci suna wasa a tsakanin aiki, a wani kaset na daban. Wannan kaset ɗin na fita nema, kafin idon Inna ya rufe.

Abokin tafiyar tawa shagon tura fina-finai a waya gare shi. Bai taɓa taka Maiduguri ba, amma ya haddace Mai Ƙwarya kaf, har da wuraren da hoton yake rawa. Ranar da ya ji cewa ni ƙanin dodon ne sai da ya miƙe ya sake gaishe ni. Ban gayyace shi ba, shi ya gayyaci kansa.

Ga waɗanda ba su san fim ɗin ba, kada ku sa ran wani abin kirki. Dodo ne da ke fitowa daga rijiya ya bi duk wanda ya bar guga a ciki. Da rana tsaka yake fitowa, don masu fim ɗin ba su da janareta balle fitila. Jinin zoɓo ne, akwai ma inda ake ganin ganyen a manne a wuyan mamaci. Akwai gawar da ta kori ƙuda daga hancinta. Akwai inda akuya ta shigo ana tsaka da kisa ta tsaya tana kallon kyamara, kuma ba a yanke ba. Duk da haka har yau in dodon ya leƙo daga bakin rijiyar nan a hankali, ƙwaryar ta karkace gefe guda, sai tsigar jikin mutum ta tashi. Ni dai tawa tana tashi, ko da yake nawa dalilin daban ne.

Mun wuce Wudil gari bai gama wayewa ba, muka yi Azare. A Potiskum muka tsaya karin kumallo, masa da miyar taushe, da shayi mai sukari kamar za a haɗa alewa. A nan abokina ya buɗe bakinsa ya fara ba fasinjoji labarin fim ɗin. Na ɗauka za a share shi. Sai wata mata 'yar Biu da ke kujerar baya ta ajiye kofinta ta kwaikwayi muryar tsohon cikin fim, “Wa ya bar guga a rijiya?” Direba ya amsa mata da abin da aka amsa wa tsohon. Mutum uku a mota guda, ba su san juna ba, suka hau dariya kamar 'yan ɗaki ɗaya. Ni ban yi ba, masar ma ban iya ƙarasa ta ba.

Daga Damaturu hira ta mutu. Kowa ya san hanyar nan. Shingen bincike bayan shingen bincike, ga kangaye a gefen titi waɗanda ciyawa ta fito ta cikin tagoginsu, ga kuma sababbin gidaje an jera su iri ɗaya. Direba ya taka mota don mu isa kafin jami'an tsaro su rufe ƙofar shiga gari. Matar Biu tana ta jan addu'a ƙasa-ƙasa. Ni kuwa duk bishiyar da muka wuce sai in ce ko Habu ya taɓa tsayawa a inuwarta, alhali na san ba ma wannan hanyar ya bi ba.

Da la'asar muka shiga Maiduguri. Bishiyoyin dogon yaro suna nan yadda na bar su, napep kuwa ta cika titi ba masaka tsinke. Muka sauka a Fezzan wurin wani tsohon maƙwabcinmu. Aka yi ta gaisuwar “wushe, wushe”, aka kawo burabusko da miyar yakuwa, ƙamshin turaren wuta yana fitowa daga cikin gida. Shekarun nan duka ban san ina kewar wannan ƙamshin ba sai da ya bugi hancina. A jikin kowane bango akwai layi, daidai ƙirjina, inda ruwan ambaliyar da ta ci garin ya tsaya. Wasu sun shafe nasu da fenti amma yana nan yana leƙowa.

Gidanmu wasu ne a ciki, ban shiga ba. Rijiyar da aka ɗauki fim ɗin tana bayan layin, an toshe bakinta da siminti, mata suna shanya kuɓewa a kai. Abokina ya roƙi a matsar masa da kuɓewar ya hau ya ɗauki hoto, har da karkata kai. Muna tsaye sai na ji wata mata daga cikin wani gida tana ce wa ɗanta in bai shigo ya yi wanka ba Mai Ƙwarya zai fito. A layin da aka haifi Habu, da shi ake tsorata yara, kuma babu mai sanin sunansa.

Washegari da hantsi muka nufi unguwar Gamboru wurin Ba Modu, wanda ya shirya fim ɗin. A da gidan kallo gare shi. Yanzu rumfa ce ta cajin waya, yana sayar da gawayi a gefe. Ya tsufa ƙwarai, hularsa ta yi masa yawa. Na gaishe shi na ce ni ƙanin Habu ne. Ya riƙe hannuna ya ƙi saki, yana duba fuskata kamar mai neman wani abu da ya faɗi a ƙasa. Daga baya ya ce, “Goshin ne kawai. Shi ya fi ka dogon hanci.”

Na faɗa masa abin da ke tafe da ni. Ya shiga ciki ya jawo wani akwatin ƙarfe ya buɗe. Kaset-kaset ne cike, laka ta bushe a jikinsu ta haɗe su wuri guda. Ya ɓamɓaro ɗaya ya ja zaren, ya tsinke a hannunsa kamar ruɓaɓɓen ganye. Ya ce kwana da kwanaki akwatin yana cikin ruwa, ya kasa zubarwa ne kawai. Asalin fim ɗin ma yana ciki. Wanda ke yawo a wayoyin mutane kwafin kwafi ne da wani ya juya tun da daɗewa, shi ya sa hoton ya dusashe.

A rumfar akwai samari suna jiran cajin wayoyinsu, da suka ji zancen da ake yi sai suka matso. Yawancinsu ba a haife su ba lokacin da aka yi fim ɗin. Ɗaya ya nuna min nasu da suka ɗauka da waya, shi ma da ƙwarya a fuska, yana fitowa daga cikin tankin ruwa. Ya ce ba su kaɗai ba ne, kowace unguwa da nata Mai Ƙwaryan. Abokina ya samu 'yan uwa, suka shiga musun ko akuyar da gangan aka saka ta. Ba Modu ya ce akuyar maƙwabta ce, kuma ta cinye musu rabin zoɓon.

Na tambaye shi, tsakani da Allah, me mutane suke gani a wannan fim ɗin har yanzu. Ya ce samarin dariya suke nema, kuma ba ya ganin laifinsu, garin da ya ga abin tsoro na gaske yana son wanda za a kashe a tashi a sha shayi. Amma manya, in ji shi, ba dodon suke kallo ba, bayansa suke kallo. Ya karɓi wayar abokina ya riƙa tsayar da hoton yana nuna min da farce. Wannan mai tallan rake da ke wucewa, babu shi. Wannan mai acaɓar da ya tsaya kallo, babu shi. Gawar da ta kori ƙuda, yanzu gawa ce da gaske. Wancan shagon an ƙone shi. Ya ce akwai wata tsohuwa da takan zo a tsayar mata daidai inda mijinta ya gifta da buta a hannu, ta kalla ta tafi. “Mu ba mu da kuɗin korar mutane daga titi,” in ji shi, “sai duk suka shigo ciki. Ashe alheri ne.” Na ce kowa ya samu nasa ke nan, sai mu da namu yake tsakiyar hoton a rufe. Ya sunkuyar da kai.

Sannan ya ce kaset ɗin cin abincin ba ya cikin akwatin nan, bai taɓa zama a wurinsa ba. Yana wurin mai kyamarar, Malam Ishaya, mutumin wajen Askira, wanda ya daina ɗaukar biki ya koma noma a Khaddamari. Ya ce mutumin ba ya zubar da komai. Ban san sanda na tashi tsaye ba.

Rana ta uku da sassafe muka kama hanyar Khaddamari. Ba nisa, gonakin albasa da shinkafa hagu da dama, mata suna tafe da itace a ka. Mun samu Malam Ishaya yana ɗaure tunkiya. Dattijo ne siriri mai tabarau da aka ɗaure da zare. Da na ambaci sunan Habu ya cire tabarau ɗin ya goge, ya ce yaron da ba ya cin abinci sai ya ba kowa dariya. Matarsa ta kawo mana kunun gyaɗa. Ya hau kan turmi ya sauko da wani buhu da ke rataye a rufin ɗaki, ya ce nan ya ɗaga su shi ya sa ruwa bai taɓa su ba. Muka zube su a tabarma muna karanta rubutun jikinsu ɗaya bayan ɗaya, bikin wane, sunan wance, taron coci, saukar karatu.

Ni na ga kaset ɗin. An rubuta da biro, “Rijiya, cin abinci.” An ja layi a kai. A ƙarƙashinsa an rubuta, “Bikin Falmata.”

Malam Ishaya ya karɓa ya juya shi a hannu, sai ya zauna. Ya ce haka suke aiki a zamanin. Kaset yana da tsada, ba a barin sa da abin wasa. In aiki ya taso babu sabo a hannu, sai a ɗauko wanda ba na kowa ba a ɗora sabon ɗauka a kansa, na da ya goge. Ya ce bai ma tuna ranar da ya yi ba.

Abokina ne, wanda na yi ta ganin ya zame min kaya, ya ce a saka dai. Ya ce in bikin bai kai ƙarshen zaren ba, abin da ke ƙarƙashi zai fito a wutsiya. Malam Ishaya ya ce haka ne, amma injinsa ya tsufa, in aka danna gudu yana tauna zare, sai dai a bar shi ya tafi da kansa. Aka samo mai aka tayar da ƙaramin janareta, ya goge kan injin da auduga, aka kunna.

Haka muka zauna kusan awa uku muna kallon bikin wata Falmata da ba mu sani ba. An yi lalle, an yi kiɗan ganga, an yi daren wushe-wushe na tarbar ango, ango ya shigo da tawagarsa, mata suna guɗa. Mai kyamara bai bar kowa ba, har tukwanen girki sai da ya ɗauka. Duk inda na ga kamar za a ƙare sai a buɗe wani sabon wuri. Ina kallon zaren ta ƙaramar tagar kaset yana raguwa, ina lissafin cewa duk rawar da matan nan suka taka a kan fuskar yayana suka taka ta. Allah ya yafe min, ban taɓa tsanar amarya irin wannan ba.

Saura ɗan kaɗan zaren ya ƙare hoton ya yi yayyafi, ya yi rawa, sai ga rijiya. Ga tiren abinci an cinye. Ga Habu a tsaye, doguwar rigar buhu a jikinsa, hannayensa biyu a ƙeya yana ƙulla igiya. Ya riga ya mayar da ƙwaryar. Da bikin ya ƙare da minti guda kafin nan, da na ga fuskarsa. Ya juyo wajen kyamara, sai muryarsa ta fito daga cikin ƙwaryar, tana ɗan amsa-kuwwa, muryar da rabona da ita tun ranar da ya tafi Baga. Ya ce, “Malam, duba da kyau. Inna ba za ta gane ni ba ko?” Daga bayan kyamara aka ce, “Ko kusa.” Ya yi dariya. Zaren ya ƙare.

Na faɗa wa Malam Ishaya magana marar daɗi, ba zan maimaita ta a nan ba. Dattijon bai rama ba. Ya ce, “Ɗana, da na san ba za a sake ganinsa ba, da na bar bikin ya wuce ba hoto.” Kunya ta kama ni na ba shi haƙuri. Ya buɗe kaset ɗin ya naɗe zaren baya kaɗan da yatsa, aka sake kunnawa, na ɗauki gilashin talabijin ɗin da wayata. Ya ce in tafi da kaset ɗin, na ce ya bar shi, wata rana wani zai zo neman nasa a cikin 'yan bikin.

Washegari muka juyo. Abokina da ya cika mota da surutu a zuwa, sai da muka kai Potiskum ya ce shi kam ba zai iya sake yi wa fim ɗin nan dariya ba. Na ce ya yi dariyarsa, don ita aka yi shi. Abin da na koya a tafiyar nan ba mai daɗi ba ne. Fim ɗin da aka yi da zoɓo da aron kyamara ya fi gidanmu da rijiyarmu da mutanen cikinsa tsawon rai, kuma zai ci gaba da yawo bayan babu mu. Amma abin da aka sa a gabansa kawai ya riƙe. Mu da kanmu muka rufe fuskar, wani ya goge sauran don ya samu na cefane, kuma a cikinmu babu wanda ya yi da mugunta. Duk hanyar ina tunanin ko in ɓoye wa Inna abin da na ɗauko, in ce ban samu komai ba. Har muka wuce Wudil ban yanke ba.

Na same ta a tsakar gida a kan tabarma, rana ta yi sanyi. Ta ji sallamata ta juyo da gefen idon daman. Ba ta tambayi hanya ba, ta ce, “Ka samo?” Na ce, “Ban samo fuskar ba, Inna. Sai dai murya.” Ta miƙo hannu. Na kunna na saka mata a tafinta. Ba ta kai shi ido ba, a kunne ta kara. Na ji muryar Habu daga inda nake durƙushe yana tambayar ko Inna za ta gane shi, na ji an ce ko kusa, na ji dariyar.

Sannan ta sauke wayar ta kawo ta daidai bakinta, yadda take yi in tana magana da 'yan uwa na nesa. A hankali ta ce, “Na gane ka, Habu. Cire abin nan, na yafe.”